Shin 'Yan Asalin Ostireliya Sun Yaƙi Turawa? Amsa Daga Tarihin Wiradjuri

Wani ɗalibin tarihi ya aiko mini da tambaya, yana cewa ya karanta a wani tsohon littafin makaranta cewa Turawan Ingila sun zauna a Ostireliya cikin ruwan sanyi, domin 'yan asalin ƙasar ba su da sarakuna ko rundunar da za ta tare su. Yana so ya san ko haka ne, kuma idan har an gwabza, me ya sa ba a jin labarin kamar yadda ake jin na Zulu ko na Burmi.

Malam, abin da ka karanta ba haka yake ba, ko da yake an daɗe ana koyar da shi a makarantun Ostireliya kanta. An yi yaƙi, kuma ba a wuri ɗaya ba. Tun daga saukar jiragen ruwa 11 na farko a Sidni cikin Janairun 1788 har zuwa kisan kiyashin Coniston a tsakiyar ƙasar cikin 1928, shekara 140 ke nan, duk inda Bature ya kora garkensa ya shiga sabuwar ƙasa sai an zubar da jini. Amma da yake mutanen da ake kira Aborijin ba al'umma ɗaya ba ce, suna da harsuna fiye da 250 kuma kowace jama'a da ƙasarta, ba za a fahimci abin a dunƙule ba. Saboda haka zan ɗauki jama'a ɗaya, wato Wiradjuri, in bi labarinsu, domin a cikinsa akwai amsar ɓangarorin tambayarka guda biyu.

Akwai gyara ɗaya da ya kamata mu yi tun farko. Idan Bahaushe ya ji an ce mulkin mallaka, abin da ke zuwa masa shi ne irin na Lugga: Turawa ƙalilan, sun ci ƙasa da bindiga, sun bar sarakuna a kan gadonsu, suna karɓar haraji, sannan bayan shekara sittin suka tattara nasu ya nasu suka tafi. Irin wannan mulki yana bukatar mutanen ƙasa su rayu, domin su ne masu noma da biyan haraji. Na Ostireliya daban ne. Can ƙasar ake so, ba mutanen da ke kanta ba. An ce baƙo raɓa ne, to wannan baƙon ya zo da matarsa da 'ya'yansa da tumakinsa, kuma ba shi da niyyar komawa.

Wiradjuri su ne jama'ar da ta fi kowace faɗin ƙasa a jihar da yanzu ake kira New South Wales. Ana yi musu laƙabi da mutanen koguna uku: Wambuul, wanda Turawa suka sa wa suna Macquarie, da Galari, wato Lachlan, da kuma Murrumbidgee. Sunansu ya samo asali ne daga "wirraay", kalmarsu ta cewa a'a, domin a wannan yanki akan san jama'a da irin yadda take faɗin a'a. Shekara 25 na farko tsaunukan Blue Mountains sun zame musu garkuwa, don Turawan Sidni sun kasa samun hanyar ƙetare su. Cikin 1813 mutum uku, Blaxland da Lawson da Wentworth, suka ƙetara. Ba a jima ba William Cox ya sa fursunoni kimanin 30 suka sare hanya mai tsawon kilomita 160 da ɗoriya cikin wata shida, kuma ranar 7 ga Mayun 1815 Gwamna Lachlan Macquarie ya kafa tuta a bakin Wambuul ya sa wa wurin suna Bathurst, sunan ministan da ke kula da ƙasashen mallaka a Landan. Sunan wannan mutumin ne kuma birnin Banjul na Gambiya ya ɗauka har zuwa 1973.

Shekarun farko ba a yi wani babban rikici ba, kuma dalilin a bayyane yake. Macquarie ya taƙaita yawan masu ƙetarawa, har ya zama cikin 1820 Turawan da ke Bathurst 114 ne kawai. Da Thomas Brisbane ya gaje shi a ƙarshen 1821, sai aka buɗe ƙofa, aka shiga rabon filaye ga masu hannu da shuni. Zuwa 1824 Turawan sun kai 1,267, shanu da tumaki kuma suka haura 100,000 a shekarar da ta biyo. Ka yi tunanin abin da wannan ke nufi ga mutanen da abincinsu ke fitowa daga farauta da su da tonon saiwoyi. Garke ba ya zama ko'ina sai bakin ruwa, wato daidai inda mutane ke sauka. Kofato ya tattake saiwoyin da mata ke tona, tumaki suka cinye ciyawar da kangaru ke kiwo, mashaya ta gurɓace, aka kafa bukkokin makiyaya da shingen dabbobi a wuraren ibada da maƙabartu. A dokar Wiradjuri, wanda ya sauka a ƙasarka yana cin arzikinta wajibi ne ya raba da kai. Don haka mutumin da ya soki tunkiya da mashi, a ganinsa haƙƙinsa ya ɗauka, a ganin mai garke kuwa ɓarawo ne da ya cancanci harsashi.

Daga 1822 hare-hare suka fara, kuma duk wanda ya dubi yadda aka tsara su zai ga ba fashi ba ne. Mayaƙan Wiradjuri sun gane cewa ƙarfin Bature a wurin yana cikin dabbobinsa, rauninsa kuma shi ne makiyayan nan, yawancinsu fursunoni, da aka warwatsa biyu-biyu ko uku-uku a bukkoki masu nisa da juna. Sai suka riƙa tarwatsa garke, suna kashe abin da ya fi ƙarfin cinsu, suna ƙona bukkoki, suna kwashe bindigogi da albarushi, sannan su shige duwatsun da doki ba ya iya bi. Bindigar wancan zamani harbi ɗaya take yi sai an sake ɗura ta, kuma kafin a gama ɗurin gwanin mashi ya jefa uku ko huɗu. Akwai gandayen kiwo da aka watse aka bari, domin makiyaya sun ƙi fita.

A nan sunan Windradyne ya fito. Saurayi ne da bai wuce shekara ashirin da 'yan kai ba, Turawa kuma suna kiransa da sunan ranar Asabar a harshensu. Ba sarki ba ne irin wanda ka sani, domin Wiradjuri dattawa ke riƙe da doka, jagoran yaƙi kuma ƙwazonsa ke sa a bi shi, sannan akwai wasu jagororin a Mudgee da kudancin Bathurst. A wajajen ƙarshen 1823 aka kama shi, kuma jaridar gwamnati ta Sidni ta ba da labarin cewa sai da ƙarti shida suka taru a kansa, aka kuma doke shi da gindin bindiga, kafin a iya ɗaure shi. Kwamandan Bathurst, Manjo James Morisset, ya tsare shi wata guda cikin mari.

Abin da ya sa tura ta kai bango, bisa labarin da aka gada, ya faru ne a wata gonar dankalin Turawa a Kelso, tsallaken kogi daga Bathurst, a farkon 1824. Mai gonar ya ga wasu Wiradjuri suna wucewa ya tona dankali ya ba su. Washegari suka dawo suka shiga tona da kansu, tunda abin da ƙasarsu ta fitar ne kuma jiya an nuna musu ana ci. Mai gona ya kira maƙwabta, aka buɗe musu wuta, kuma cikin waɗanda suka mutu har da iyalin Windradyne. Wanda ya rubuta wannan labari ɗan gidan Suttor ne, wani gidan Turawa masu kiwo a yankin, cikin 1887, wato bayan shekara sittin da ɗoriya, daga abin da ya ji a bakin mahaifinsa.

Mahaifin nan, William Suttor, shi ne a tsakiyar abin da ya fi tsaya mini a rai cikin yaƙin duka. Cikin Mayun 1824, yana ɗan shekara goma sha takwas ko sha tara, yana cikin bukka a gandun mahaifinsa mai suna Brucedale, sai Windradyne da mayaƙansa suka kewaye wurin da dare, sun yi shirin yaƙi. Yaron ya fito bakin ƙofa ya yi musu magana da harshen Wiradjuri, wanda ya koya tun zuwansu, aka yi ta muhawara, daga bisani suka juya suka tafi ba su taɓa shi ba. A cikin wannan zagaye ne suka faɗa wa gandayen Millah Murrah da Warren Gunyah da Mill Post, suka kashe mutum bakwai. Game da Millah Murrah, labarin da aka gada shi ne an gina shi a kan filin ibada, kuma an taɓa ajiye burodi mai guba a wata bukka a yankin domin masu jin yunwa su ɗauka. Mutanen da suka bar wani suka kashe wani a tafiya ɗaya sun san wanda suke nema. Doka suke zartarwa, tasu, a kan waɗanda suke ganin sun karya ta.

Ramuwar Turawa ba ta yi irin wannan tantancewa ba. Cikin makonnin da suka biyo wasu ma'aikatan gandu suka fita neman mayaƙa, suka kashe mata uku. An gurfanar da mutum biyar a kotun Sidni cikin Agusta, aka sallame su duka. A lokacin ba a karɓar shaidar Aborijin a kotu, wai don ba zai iya rantsuwa da Baibul ba, kuma haka abin ya zauna a New South Wales har 1876.

Ranar 14 ga Agustan 1824 Gwamna Brisbane ya kafa dokar soja a duk ƙasar da ke yamma da dutsen Mount York. Ina roƙonka ka tsaya a nan, Malam, domin amsar kashi na biyu na tambayarka daga nan ta faro. Me ya sa dokar soja, ba shelar yaƙi ba? Saboda Birtaniya ba ta taɓa yarda cewa ta ci Ostireliya da yaƙi ba, ba ta kuma ƙulla yarjejeniya da kowa ba, saɓanin abin da ta yi da Maori, 'yan asalin New Zealand, a Waitangi cikin 1840. Matsayinta shi ne ta sami ƙasa ce da ba ta da mai ita, ta zauna. To idan haka ne, Wiradjuri ba wata al'umma ba ce da za a yaƙa, talakawan Sarkin Ingila ne, kuma sarki ba ya shelar yaƙi a kan talakawansa. Amma kuma sojan da ya harbe talakan sarki ana iya tuhumarsa da kisan kai. Dokar soja ita ce ta warware wannan ƙulli: ta ba da damar a yi aikin yaƙi ba tare da an kira shi yaƙi ba. Sakamakon haka, a takardun gwamnati mayaƙin da ke kare ƙasarsa ya zama mai laifi, harinsa ya zama ta'asa, kashe shi kuma ya zama kwantar da tarzoma. Marubutan tarihin da suka zo daga baya suka buɗe takardun, ba su ga kalmar yaƙi ba, suka ce ba a yi ba.

Takardar shelar ta ce a kiyaye mata da yara, kada kuma a zubar da jini sai an rasa wata hanya. Abin da ya faru a daji daban ne. An ƙara sojojin Bathurst suka kai 75, aka sa ladan fili eka 500 ga duk wanda ya kamo Windradyne, Morisset kuma ya raba mutanensa ƙungiya-ƙungiya suka yi kwanaki suna zagaye cikin Satumba. Rahoton hukuma ya nuna kamar sojojin ba su yi wata arangama ba. Amma a wannan watan ne wani wakilin gandun gidan Cox, Theophilus Chamberlain, da mutum biyu suka kashe Wiradjuri 16 a yankin Mudgee, har da wani jagora da Turawa ke kira Blucher, kuma wannan an buga shi a jarida. Cikin Oktoba jaridar Sidni ɗin nan ta rubuta da kanta cewa Bathurst da kewayenta suna cikin yaƙin ƙare dangi. Ɗan gidan Suttor ma, da yake ba da labarin abin da dokar sojan ta bari, kalmar da ya zaɓa ke nan. Turawan da suka mutu a rikicin duka kimanin 20 ne, kuma an san sunayen yawancinsu. Na Wiradjuri ba wanda ya ƙirga, shi ya sa masana suka saɓa, wasu suna cewa wajen 100, wasu suna cewa ɗaruruwa.

An janye dokar ranar 11 ga Disamba. Bayan kwana 17, ranar 28 ga wata, ana taron shekara-shekara da gwamna kan yi da Aborijin a kasuwar Parramatta kusa da Sidni, inda ake raba nama da burodi da taba, sai ga Windradyne a gaban jama'arsa. Ya taka kusan kilomita 200, ya ƙetare tsaunukan nan, ya ratsa ta gaban duk masu kwaɗayin eka 500, ba wanda ya kama shi. A kansa akwai malafa, an maƙala mata 'yar takarda mai ɗauke da kalmar Turanci ɗaya da ke nufin zaman lafiya, da ɗan reshen itace a madadin reshen zaitun. Jama'a suka yi ta turereniya don su gan shi. Brisbane ya yi masa afuwa, ya kuma rubuta wa Landan cewa babban jagoran ya zo neman gafara.

An daɗe ana gardama a kan wannan malafa. Turawan lokacin sun ɗauke ta miƙa wuya. Ni ban karanta ta haka ba, ko da yake ba zan ce nasara ce ba, domin ƙasar ta riga ta tafi kuma ba a mayar da ko taki ɗaya ba. Mutumin da aka kasa kamawa, ya zaɓi ranarsa, ya zaɓi wurin da idon jama'a yake, ya wuce kwamandan Bathurst ya tafi kai tsaye wurin wanda ya ɗauka takwaransa ne, wannan jagora ne da ya ƙirga mutanensa da suka rage ya ga abin da ci gaba da faɗa zai jawo musu. Durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne. Ya rayu shekara huɗu da 'yan watanni bayan haka. Cikin Maris 1829 aka ji masa rauni a gwiwa a wani faɗa tsakanin 'yan ƙasa, aka kai shi asibitin Bathurst, ciwon ya ruɓe ya rasu. Gidan Suttor sun riƙe cewa ya kwance ɗaurin ya bar asibitin ya koma wurin mutanensa a Brucedale, kuma a can aka binne shi a zaune, an naɗe shi da mayafinsa na fata, da makamansa a gefe.

Yaƙin bai ƙare da shi ba, gaba ya yi tare da garke. Tsakanin 1838 da 1841 Wiradjuri na bakin Murrumbidgee suka tashi a yankin Narrandera, har suka kori masu kiwo daga gandaye da dama kafin a murƙushe su. Idan ka buɗe taswirar yankin yau za ka ga wani tsibiri a cikin kogi da sunansa ke nufin tsibirin kisa, da wani rafi da sunansa ke nufin mashayar da aka sa wa guba. Bayan mashi kuma turjiyar ta sauya kama. An tattara waɗanda suka rage a sansanonin mishan da na gwamnati irin su Warangesda da Brungle da Erambie, aka ba hukumar da wai ke kare su ikon ƙwace 'ya'yansu, ana kai 'yan mata gidan horo na Cootamundra don a mai da su barorin gida. Daga waɗannan sansanoni ne masu gwagwarmaya suka fito. Cikin Mayun 1927 wani dattijo, Jimmy Clements, ya tako da ƙafa daga Brungle zuwa Kanbera, shi da John Noble suka halarci buɗe ginin majalisar tarayya ba tare da gayyata ba, 'yan sanda suka so kore shi jama'a suka hana. William Ferguson ya kafa ƙungiyar neman 'yanci a Dubbo cikin 1937, yana kuma cikin waɗanda suka ayyana 26 ga Janairun 1938 ranar makoki, daidai lokacin da Turawa ke bikin cika shekara 150. Paul Coe, ɗan Erambie, ya kai gwamnatin tarayya babbar kotu cikin 1979 yana ƙalubalantar ikonta a kan ƙasar. Bai yi nasara ba, amma bayan shekara 13, a shari'ar Mabo ta 1992, kotun ta yi watsi da da'awar cewa ƙasar ba ta da masu ita.

Yanzu ga batun tunawa. Abin mamaki shi ne Turawan ƙarni na 19 ba su ɓoye abin sosai ba, suna rubuta shi a jaridu da wasiƙu. Shirun ya zo ne daga baya, musamman bayan haɗewar ƙasar cikin 1901, lokacin da sabuwar ƙasa ke neman labarin asali mai tsabta: jarumai masu ratsa daji, da makiyaya masu haƙuri, sai kuma sojojin da suka mutu a Gallipoli ta ƙasar Turkiyya cikin 1915, lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya. Masanin al'adu W. E. H. Stanner ne ya sa wa abin suna cikin laccocinsa na rediyo a 1968, ya kira shi babban shirun Ostireliya, ya ce ba mantuwa ba ce ta ɗaiɗaikun marubuta, taga ce aka gina ta yadda wani ɓangaren fili ba zai taɓa ganuwa ba.

Ana iya ganin wannan taga a dandalin tsakiyar Bathurst. Akwai doguwar hasumiyar ƙararrawa ta jan bulo da aka gama cikin 1933 don tunawa da 'yan garin da suka mutu a Yaƙin Duniya na Ɗaya. Akwai abin tunawa da waɗanda suka je yaƙin Afirka ta Kudu, wanda Kitchener, babban hafsan sojan Birtaniya, ya buɗe da kansa cikin 1910. Sannan akwai mutum-mutumin George Evans, ma'aunin ƙasa da ya fara isowa wurin cikin 1813, yana tsaye, a gindin ƙafarsa kuma an sassaƙa wani Ba'aborijine a tsugune, ya kare ido da tafin hannu yana hangen nesa. Garin ya tuna yaƙin Turai da na Afirka, amma mutumin da aka yi yaƙi da shi a bakin kogin garin an ajiye shi a matsayin ɗan rakiya. Haka abin yake a babban gidan tunawa da yaƙi na ƙasa a Kanbera, inda aka zana sunaye fiye da 100,000 a bangon tagulla, tun daga 'yan rundunar da New South Wales ta aika Sudan cikin 1885. Shekara da shekaru hukumar gidan tana cewa faɗan cikin gida ba huruminta ba ne, na gidan tarihi ne. Sai cikin 2022 shugabanta ya ce za a faɗaɗa ba da labarin a sabon ginin da ake yi, kuma maganar ta tayar da ƙura.

Ba zan ɓoye maka cewa akwai gardama ta gaskiya a kan hujja ba. Misalinta shi ne Bells Falls, wani kwazazzabo kusa da Sofala, inda mutanen yankin, har da jikokin Turawa, suka gaji labarin cewa an kora Wiradjuri har bakin gangare aka hallaka su. Babu takardar 1824 da ta ambaci wannan, kuma sai cikin ƙarni na 20 aka buga labarin. Da gidan tarihi na ƙasa ya buɗe cikin 2001 ya nuna shi, sai marubuci Keith Windschuttle ya yi masa ca, yana cewa tatsuniya ce aka mayar tarihi. Hukuncina shi ne kada a rantse a kan cewa abin ya faru a wannan kwazazzabo yadda ake faɗa, amma kuma wanda ya ce sai ya ga takarda ya tuna wa ke riƙe da alƙalami a 1824, ya kuma tuna cewa waɗanda abin ya shafa doka ta hana a ji bakinsu. Ko an cire Bells Falls gaba ɗaya, abin da Turawan lokacin suka rubuta da hannunsu ya isa. Taswirar da Jami'ar Newcastle ta haɗa ƙarƙashin Lyndall Ryan, wadda ba ta sa wuri sai an kashe aƙalla mutum shida kuma akwai hujja, ta tara wurare fiye da 400 a faɗin ƙasar.

Su Wiradjuri ba su jira gidan tarihi ba. Mary Coe ta rubuta tarihin Windradyne daga mahangar jama'arta tun cikin shekarun 1980. Dattijo Stan Grant, wanda aka taɓa kulle kakansa don ya yi masa magana da harshensu a bainar jama'a, ya haɗa kai da John Rudder suka fitar da ƙamus cikin 2005, yau kuma ana koyar da harshen a makarantun garuruwa irin su Parkes da kuma Jami'ar Charles Sturt. Cikin 2015 dutsen da ake tseren motoci a kansa a Bathurst ya sami sunansa na asali, Wahluu, a gefen na Turanci, kogin Macquarie ma aka mayar masa da Wambuul a gefen na Turanci cikin 2021. Cikin 2021 ɗin ne kuma Stephen Gapps ya fitar da littafinsa a kan rikicin, ya sa masa suna Gudyarra, wato yaƙi da harshen Wiradjuri. Linda Burney, ita ma 'yar Wiradjuri, mace ta farko 'yar Aborijin da ta shiga majalisar wakilai ta tarayya, ta buɗe jawabinta na farko cikin 2016 da wannan harshe, da mayafin fatar kangaru. Ita ce ministar da ta jagoranci ƙuri'ar raba gardama ta Oktoban 2023 a kan ba 'yan asalin ƙasa murya a tsarin mulki, wadda kimanin kashi 60 cikin 100 suka ƙi. Bayan wata goma, cikin Agustan 2024, dattawan Wiradjuri suka shirya mako guda na tunawa da cika shekara 200 da dokar soja a Bathurst, suka kira shi Dhuluny, kalmar da ke nufin gaskiya, ko abin da yake miƙaƙƙe.

Kabarin Windradyne yana nan a Brucedale, a cikin makiyaya, kuma gandun har yau yana hannun zuriyar Suttor, waɗanda ke barin Wiradjuri su shigo ziyara. Ranar 25 ga Afrilun 1954, wato ranar da ƙasar ke tunawa da sojojinta na Gallipoli, ƙungiyar tarihi ta Bathurst ta kafa allon tagulla a wurin. Allon ya kira shi mai kishin ƙasa na gaskiya, abin da ba kasafai Bature ke faɗa a kan Ba'aborijine a wancan zamani ba. Amma ya ce da farko abin tsoro ne ga baƙi daga baya ya zama abokinsu, ya sa shekarar rasuwarsa 1835 maimakon 1829, ya kuma kira shi shugaban Aborijin na ƙarshe, alhali jikokin jama'arsa suna zaune a Cowra da Wellington da Dubbo a ranar da ake kafa shi. An sa wurin cikin rajistar kayan tarihi ta jiha a 2006. Itatuwan da aka sassaƙa wa zane a kewayen kabarin lokacin binne shi sun daɗe da ɓacewa, sai Wiradjuri suka dasa sababbi, suka jera su bisa siffar zanen da kakanninsu ke yi a jikin itace.